Kirambul na Fich da Bulubari: Yadda Za Ki Gasa Shi, Ƙasa Luguf, Sama Rumus

Kirambul ɗina na farko da ludayi aka kwashe shi. A watan Yuli ne, shekarata ta biyu a Ingila. Na sayo fich nunannu, na yayyanka, na zabga musu sukari son raina, na rufe da garin da na murza, na tura obin ina ta jin daɗi. Da na fito da kwanon sai ga gari yana yawo a kan ruwa tsululu, kamar furar da ba a gama damawa ba. Maigida ya leƙo kicin ya dubi kwano ya dube ni, ya ce, "Wannan kuma kunun mene ne?"

Washegari na kai wa maƙwabciyata ragowar, wata dattijuwar Baturiya da ta yi jika da ni. Ta sa cokali ta ɗanɗana ruwan, ta murtsuke garin da yatsa, sannan ta gaya mini laifina guda biyu: ban ɗaure ruwan 'ya'yan itacen ba, botana kuma ya narke tun a hannuna kafin ya ga wuta. Shekaru ke nan ina gasa wannan abu, kuma duk ranar da ya ɓaci, idan na bi sawu sai in tarar ɗaya daga cikin biyun nan ne. Don haka a kansu zan fi daɗewa.

Ga wadda ba ta taɓa ganinsa ba, kirambul kayan zaƙi ne na Turawan Ingila da ake ci bayan abinci. 'Ya'yan itace ake shimfiɗawa a ƙasan kwano, a barbaɗa musu marmashin fulawa da bota da sukari a sama, a gasa. Sunan ma daga marmashewar ya samo asali. Ya yi tashe a lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, bayan da gwamnatin Birtaniya ta fara ƙayyade wa kowane gida bota da sukari a watan Janairun 1940. Ɓawon fulawa irin na fai, wato gashin da ake lulluɓe 'ya'yan itace ko nama da ƙullin fulawa, yana cin mai da yawa, marmashi kuwa ɗan kaɗan ya ishe shi, sai matan gida suka koma gare shi. Yaƙi ya ƙare, ƙayyade abinci ya ƙare a 1954, kirambul ya yi zamansa. Na asali da tuffa ake yi. Wannan haɗin na fich da bulubari ya fi kama da girkin Amurkawa, waɗanda ke ƙara wa marmashin ot, hatsin nan da Turawa ke damawa kamar kunu.

Kayan da kansu baƙi ne a wurinmu. Fich ɗan itace ne mai girman tuffa, fatarsa da ɗan gashi-gashi mai laushi, cikinsa rawaya ko fari, da ƙwallo guda mai tauri a tsakiya. Asalinsa daga China ne, kuma har yau ita ta fi kowace ƙasa nomansa. Alhazan da suka zaga kasuwar kayan marmari a Saudiyya sun gan shi, mutanenmu na Nijar kuma da sunansa na Faransanci suka san shi. Bulubari ƙananan 'ya'ya ne masu launin shuɗi mai duhu, ba su kai magarya girma ba, 'yan asalin Amurka ta Arewa. A daji ake tsinkarsu har sai da aka yi nasarar nomansu a jihar New Jersey, aka fara kai su kasuwa a 1916. Dukansu biyu lokacinsu bazarar Turai ce, daga Yuni zuwa Agusta, wato daidai lokacin da mu muke tsakiyar damina a gida. Abin da ya sa suka dace da juna shi ne fich yana da zaƙi da ƙamshi amma sanyin hali gare shi idan ya ji wuta, bulubari kuma ya kawo ɗan tsami da launi.

Zaɓen fich

Kada jan kumatunsa ya ruɗe ki. Jan nan alamar ɓangaren da rana ta doka ne kawai. Ki juya shi ki dubi wajen hancin, inda aka tsinke shi daga reshe. Idan akwai kore a wurin, ɗanye aka cire shi, ki ajiye musu kayansu. Rawaya kike nema. Sannan ki kai shi hanci, domin fich da ba ya ƙamshi ɗanye ba zai yi ƙamshi a gashe ba. Ki ɗan danna kusa da hancin da babban yatsa: ya ɗan lotsa kaɗan, ba tuɓus ba. Wanda ya yi tuɓus na sha ne a tsaye bakin wurin wanke-wanke, ruwa na bin gwiwar hannu. A obin narkewa zai yi.

Mafi yawan waɗanda ake sayarwa a kantunan Ingila daga Sifen da Italiya ake kawo su, kuma da taurinsu suke isowa. Idan irinsu kika samu, ki zuba su a jakar takarda tare da ayaba guda, ki bar su a kan tebur kwana biyu ko uku. Ayaba tana fitar da wata iska da ke gaggauta nuna. Abin da ba za ki yi ba shi ne jefa ɗanyen fich a firij. Sanyi yana lalata cikinsa, ya koma gari-gari kamar dankalin da ya kwana, ba ruwa ba ɗanɗano, kuma ba sukarin da zai gyara shi.

Akwai mai sakin ƙwallo, akwai mai riƙe ƙwallo. Na farkon lokacinsa yawanci masu riƙewa ne, na ƙarshen Yuli da Agusta su ne ke saki da kansu. Ɗanɗano ɗaya ne, wahalar yanka ce ta bambanta.

Bulubari ba shi da wannan dogon lissafi. Ki juya robar ki dubi ƙasanta, idan babu jiƙa babu fumfuna, shi ke nan. Farin ƙurar da ke jikinsu ba datti ba ne, da ita suke fitowa daga itace.

Abin da za ki tanada

Wannan awon na mutum shida ne, ko huɗu idan irin mutanen gidana ne. Na ƙasa: fich kilo ɗaya, wato kamar shida ko bakwai matsakaita; bulubari giram 200; sukari giram 50, kimanin babban cokali huɗu; konfulawa, farin garin masarar nan mai santsi da ake ɗaure miya da shi, babban cokali biyu; ruwan lemon tsami babban cokali ɗaya; garin citta ko kirfa rabin ƙaramin cokali; gishiri ɗan abin da yatsu biyu suka ɗauka.

Na sama: fulawa giram 175, bota mai sanyi ƙarara giram 125, sukari giram 90, ot giram 50, gishiri rabin ƙaramin cokali idan botan ba mai gishiri ba ne. Idan ba ki da sikeli, ƙaramin gwangwanin madarar ruwa biyu a shafe ya kusa giram 175 na fulawa, sukari kuma kashi biyu cikin uku na gwangwanin, bota rabin ƙunshi mai giram 250. Sukari mai ruwan ƙasa mai manyan ƙwayoyi ya fi ba da ƙaras-ƙaras a baki, amma fari ma yana yi. Ni nakan ƙara soyayyiyar gyaɗa da aka ɗan farfasa, cikin tafin hannu guda. Turawa almon suke sawa. Na gwada duka, gyaɗar ba ta ji kunya ba.

Kwanon gashi ya zama na tangaran ko gilashi mai jure wuta, mai cin kamar lita biyu, zurfinsa wajen santimita biyar. Mai faɗi ya fi mai zurfi, domin a mai zurfi tsakiya ba ta dahuwa sai sama ta ƙone.

Ki fara da marmashin

Yawancin mutane da 'ya'yan itace suke farawa. Ni da marmashi nake farawa, don ya samu lokacin hutawa a firij kafin in gama yanke-yanke.

Ki yanka botan ƙanana-ƙanana kamar rabin ƙwayar magi, ki mayar firij minti goma. Ki tankaɗe fulawa a roba mai faɗi, ki sa gishiri. Ki wanke hannu da ruwan sanyi, ki goge su bushe. Ki zuba botan a kan fulawa, ki jujjuya kowane yanki ya yi wanka da gari, sannan ki fara murzawa da kan yatsu kaɗai. Tafin hannu zafi gare shi, ki raba shi da aikin nan. Ki ɗebo, ki murza tsakanin babban yatsa da sauran, ki sake shi daga sama ya zubo. Ki sake ɗebowa. Wadda ta taɓa murza dambu bayan turarin farko ta riga ta iya wannan aikin, hannun ɗaya ne.

Dalilin duk wannan lallami shi ne: ana so kowane ɗan guntun bota ya shiga obin a daskare, a lulluɓe da gari. A can ne zai narke ya soya garin da ke kewaye da shi, ruwan da ke cikinsa ya fita a tururi ya bar 'yan ƙofofi, abin ya fito rumus. Idan ya narke a hannunki, fulawa za ta shanye shi ta zama ƙulli, kuma ƙulli idan aka gasa, fanke mai tauri yake zama a kan 'ya'yan itace. Don haka ba a kwaɓa kirambul, ba a kuma ɗiga masa ruwa ko madara ko ƙwai.

Yaushe za ki tsaya? Ki girgiza robar. Manyan guntaye za su taso sama, ki murje su. Idan ya yi washar-washar, amma har yanzu kina ganin 'yan curarraki kamar ƙwayar wake nan da can, ya isa. Kuskuren masu tsafta shi ne su ci gaba har sai ya yi laushi kamar garin tuwo. Wannan idan ya gasu yashi-yashi yake yi, yana shaƙe mutum. Minti huɗu ko biyar ya kamata aikin ya ci. Idan kika ji garin ya fara maiƙo yana manne wa yatsa, ki dakata, ki sa robar a firij minti goma, ki dawo.

Yanzu ki zuba sukari da ot da gyaɗa, ki gauraya da cokali mai yatsu. Sai dabarar da dattijuwar nan ta koya mini: ki dunƙula cikin hannu uku ko huɗu na garin ki matse su su cure, sannan ki ɓarɓasa su manya-manya a mayar cikin sauran. Waɗannan curarrakin su ne yara ke faɗa a kansu. Ki rufe ki sa a firij, ko firiza ma idan da wuri.

Fich: a feƙe ko a bari?

Ra'ayi ya rabu. Fatar tana da kyau a ido, tana ba ruwan launi, amma a wuta takan saki jikin ta naɗe kamar leda, tana maƙale wa mutum a haƙori. Ni feƙewa nake yi idan baƙi za su ci, in bari idan mu ya mu ne.

Idan za ki feƙe, kada ki bi shi da wuƙa kamar dankali, rabin naman za ki zubar. Ki tafasa ruwa a tukunya, ki ajiye wata roba da ruwan ƙanƙara a gefe. Ki ɗan tsaga kowane fich a gindi, tsaga biyu masu gilma juna, iya fata. Ki jefa uku-uku a tafasasshen ruwan, daƙiƙa 30 zuwa 45, ki tsamo ki jefa a na ƙanƙara. Kamar yadda ake yi wa tumatir. Ki kama bakin tsagar ki ja, fatar za ta saluɓe. Idan ta ƙi, fich ɗin bai nuna ba ne, ƙarin tafasa ba zai taimaka ba, sai dai ya dafa miki shi.

Ki zagaya shi da wuƙa ta bin layin da ke jikinsa har ta taɓa ƙwallo, ki murɗa ɓangarorin biyu, ɗaya gaba ɗaya baya. Mai saki zai rabu nan take. Mai riƙewa kuwa kada ki yi kokawa da shi, santsi gare shi kuma wuƙa na hannunki. Ki dinga yanko shi yanki-yanki daga jikin ƙwallon. Ƙwallon a zubar. Kada a bar yara su fasa su ci ɗan cikin, yana da sinadari mai cutarwa.

Kaurin yanka ya kai na babban yatsa, kowane fich gida shida ko takwas. Sirara narkewa suke yi.

Ɗaure ruwan

Nan ne na faɗi a karon farko. Fich kusan duk jikinsa ruwa ne, sukari kuma janyo ruwa yake yi daga duk abin da ya taɓa. Ki zuba yankakken fich a roba, ki sa sukarin giram 50 da lemon tsami da gishiri, ki juya a hankali, ki bar shi minti ashirin. Idan kika dawo za ki tarar da ruwa ya kwanta a ƙasa. Wannan ruwan da ma zai fito, gara ya fito a gabanki da ya fito a obin inda ba ki da iko da shi.

Ki karkata robar ki tsiyaye shi a kofi. Idan bai wuce babban cokali huɗu ko biyar ba, ki dama konfulawar a cikinsa har gudaji su mutu, ki mayar kan fich ɗin. Idan ya kai rabin kofi ko fiye, fich ɗinki masu ruwa ne sosai: ki zuba ruwan a ƙaramar tukunya ki tafasa shi minti uku ko huɗu ya ragu da rabi, ya huce, sannan ki dama konfulawar a ciki. Kada ki zubar da shi, duk ƙamshin yana nan. Kada kuma ki dama konfulawa a ruwa mai zafi, nan take zai cure kamar kamun koko da aka zuba wa ruwa ba a juya ba.

Ki ɗanɗana yanki guda kafin ki wuce. Awon sukarin da na bayar na fich mai matsakaicin zaƙi ne. Idan naki zuma ne, cokali biyu ya isa, ki ƙara lemon tsami. Ki tuna akwai wani sukarin yana jira a sama. Ƙasan kirambul ya kamata ya ɗan yi tsami, shi ne ke sa mutum ya ƙara cokali na biyu bai gundura ba. Citta ko kirfa a sa yanzu, kuma da sauƙin hannu. Mu mutanen kayan yaji ne, hannunmu na da nauyi, amma fich ba ya jure kanumfari da masoro. Za su danne shi har ki rasa me kike ci. Wasu littattafan girkin Turawa suna cewa a ɗiga giya a wannan mataki. Ba a buƙatarta, lemon tsami ya gama aikin.

Bulubari a ƙarshe. Ki ɗauraye, ki baza a kan tsumma mai tsafta su tsane, ki zuba, ki juya sau biyu kawai. Idan daskararru ne na firiza kada ki narkar da su, ki zuba su yadda suke ki ƙara ƙaramin cokali ɗaya na konfulawa. Idan suka narke a waje, ruwansu zai rine komai ya koma launin toka-toka marar kyan gani.

Haɗawa da gashi

Ki kunna obin tun kina jiran fich ya tsatso ruwa, a kan digiri 190, ko 170 idan mai fanka ne, ko lamba 5 a obin gas mai lambobi. Ya yi zafi sosai kafin kwano ya shiga. Obin mai sanyi narkar da botan zai yi a hankali, duk wahalar da kika sha ta tafi a banza.

Ki shafa ɗan bota a kwano, ki juye 'ya'yan itacen da ruwansu, ki baje. Su tsaya kamar kashi biyu cikin uku na zurfin kwanon. Ki fito da marmashi daga firij a wannan lokacin, ba kafin nan ba. Ki barbaɗa daga gefe zuwa tsakiya. Hannu zai so ya danna ya shafe saman ya yi sumul, ki hana shi. Tudu da kwari ake so, tudun ne ke soyuwa. Ki bar 'yan wurare a gefe-gefe inda ake hango fich, ta nan tururi zai fita maimakon ya jiƙa garin daga ƙasa.

Ki ɗora kwanon a kan faranti na ƙarfe kafin ki tura, a tsakiyar obin. Ruwan bulubari idan ya tafaso ya ɗiga a ƙasan obin, hayaƙi da kankara ne za su cinye miki yammaci.

Minti 35 zuwa 45. Amma agogo shaida ne kawai, ido ne alƙali. Alama biyu kike jira, kuma sai sun haɗu. Sama ta yi ja irin na ƙuli-ƙuli, ba fari-fari ba. Sannan ruwa mai launin shuɗi da ja ya dinga ɓulɓulowa ta gefe, da kauri, kumfarsa tana fashewa a hankali, fut, fut, kamar talge ya kusa. Wannan tafasar ba ado ba ce. Konfulawa ba ta ɗaure ruwa sai ta tafasa, kuma idan kika sauke kafin nan za ki samu ruwa tsararo mai ɗanɗanon ɗanyen gari. Idan sama ta riga ƙasa, wato ta yi ja ruwa bai motsa ba, ki yafa mata takardar foyil sako-sako ki ƙara minti goma.

Da kin fito da shi, ki ajiye ki ba shi baya na minti ashirin aƙalla. Ƙamshi zai cika gida, yara za su yi ta zarya, maigida zai zo neman abin da bai ajiye ba a kicin. Ki yi kunnen uwar shegu da su. A cikin minti ashirin ɗin nan ne ruwan ke kama jikinsa, kuma sukari mai tafasa yana ƙona harshe fiye da miya.

Idan a gida kike

Da na je hutu Kano na so in yi wa Hajiyarmu, sai na gane girkin nan an ƙirƙire shi ne a ƙasar da kicin ke da sanyi. Ina yanka bota yana narkewa a kan katako. Dabara biyu suka fitar da ni. Idan akwai wuta, ki daskarar da botan a firiza, ki goga shi da magogin kuɓewa kai tsaye a cikin fulawa, ki gauraya da cokali mai yatsu, hannu bai taɓa ba. Da sassafe ya fi. Idan an ɗauke wuta firij ya huce, ki juya lamarin gaba ɗaya: ki narkar da botan da gangan, ya huce, ki haɗa fulawa da sukari da ot da gishiri, ki zuba shi a kai kina juyawa da cokali mai yatsu har ya yi curi-curi, ki tsaya nan. Abin da ke ɓata marmashi shi ne murza bota mai rabin narkewa da hannu har ya zama ƙulli. Wannan hanyar ta fi ba da tauri kaɗan, kamar biskit, amma tana da daɗi. Soyayyen man shanu ma yana yi ta wannan hanya, sai dai ki rage shi zuwa giram 100, kuma ki sani ƙamshinsa zai fito. Botan roba mai laushi na shafa wa burodi ruwa ya yi masa yawa, ki nemi mai tauri na gashi.

Ɗanyen fich da bulubari sai manyan kantuna, da tsada, kuma sau da yawa sun gaji da tafiya. Fich na gwangwani ya fi sauƙin samu. Gwangwani huɗu masu giram 410 za su maye gurbin kilo ɗaya idan aka tsiyaye ruwan. Ki tsane su sosai a kwando, ki bar sukarin ƙasa gaba ɗaya, ki ninka lemon tsami, konfulawa cokali ɗaya. A dafe suke, don haka minti 30 zuwa 35 ya ishe su. Gaskiya kuma, a lokacin mangwaro ba na bin ta kan gwangwani. Mangwaron aure marar zare, wanda ya nuna amma bai yi laushi ba, ya fi kowane abu kusa da fich a gashe. A madadin bulubari, sitiroberin Jos yana yi idan lokacinsa ne, a raba shi biyu. Idan babu, ki jiƙa zoɓo kaɗan a ruwan zafi ya yi kauri, ya huce, ki dama konfulawar da babban cokali uku na ruwansa. Zai ba ki tsamin da launin.

Rashin obin ma ba ya hanawa. Babbar tukunya, yashi mai tsafta kamar kaurin yatsu biyu a ƙasa, a rufe a ɗora a wuta minti goma sha biyar ya ɗau zafi. Ki ɗora murfin gwangwani ko 'yan duwatsu uku a kan yashin, kwanon ya zauna a kansu. A nan kwanon ƙarfe za ki yi amfani da shi, ba gilashi ba. Matsalar tukunya ita ce zafi daga ƙasa yake zuwa, kirambul kuwa samansa ke son wuta, ga tururin 'ya'yan itace da ke taruwa a murfi yana ɗigowa. Maganinsa garwashi a kan murfin, kamar cikin ludayi uku, wutar ƙasa kuma a rage ta sosai. Bayan rabin awa ki ɗaga murfin a hankali kada toka ta zuba, ki goge gumin da ke cikinsa, ki mayar, ki ɗan bar ƙofa kaɗan. Yakan ci minti 50 zuwa awa guda. Hajiya ta ci ta ce, "Ai wannan dambun Turawa ne," ta miƙo kwano a ƙara mata.

Ci da ajiya

Da ɗuminsa ake ci. Turawan Ingila kastad suke kwarara masa, Amurkawa ayis kirim. Kastad ɗin a dama shi da madara ya yi ruwa-ruwa, ba mai kaurin da muke sha da ƙosai ba. Ki sa babban cokali har ƙasan kwano ki ɗebo, kowa ya samu sama da ƙasa.

Ragowar, idan ta huce sarai, ki rufe ki sa a firij, tana kwana uku. Idan kika rufe da zafi, gumi zai kashe marmashin. Wajen ɗumamawa obin ya fi, digiri 170 na minti goma sha biyar a buɗe, saman zai farfaɗo. Ɗanyen marmashin kuma yana wata uku a firiza cikin leda mai zif, shi ya sa nake ninka awon duk ranar da na sa hannu a fulawa. Daga firiza sai kan 'ya'yan itace, ba sai ya narke ba.

Ni dai nakan ɓoye kusurwa guda a bayan robar miya, inda yara ba sa dubawa. Da safe bayan sun tafi makaranta in fito da ita da sanyinta, ruwan ya kama ya yi kamar alewa, in zuba mata kindirmo cokali uku.